Wane ne magajin gari? Tambayar yara da littafin da zai ba su amsa

Ranar kasuwa, ko a Cadawa, ko a Badagishiri, ko a Mirya, akwai abin da ba ya sakewa. Tun hantsi bai ɗaga ba mai karɓar kuɗin kasuwa zai bi rumfa-rumfa da kundin tikiti a hannu, ya tsaya gaban mai gero, ya tsaya gaban mai tabarmi, ya yage takarda ya miƙa, a ba shi kuɗi. Yarinyar da ta rako uwarta sayar da ƙuli-ƙuli tana nan tana kallo. In ta ce, "Inna, wannan kuɗin na wane ne?", amsar da ta fi samu ita ce, "Na gwamnati ne, yi shiru." Daga nan magana ta mutu. Yarinyar za ta girma, ita ma ta kafa tata rumfar, ta biya nata tikitin shekara da shekaru, ba tare da ta san cewa kuɗin nan na garinsu ne, an kuma yi doka a kan yadda za a kashe shi ba.

Hausawa na cewa icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Ƙidayar jama'a ta shekara ta 2012 ta samu mutum sama da miliyan 17 a ƙasar Nijar, kuma kusan rabinsu yara ne da ba su kai shekara 15 ba. Waɗannan yaran su ne masu biyan lanho na gobe, daga cikinsu kuma za a samu masu riƙon garuruwa. Saboda haka ya dace a duba abin da ake ba su su karanta a kan hukumar da ta fi kusa da ƙofar gidansu, wato kwamin da magajin garinta.

Suna guda, aiki biyu

Wahala ta farko tana cikin sunan kansa. Tun kafin zuwan Nasara akwai sarautar Magajin Gari a ƙasar Hausa, har gobe kuma ana naɗa ta, kamar a fadar Sarkin Musulmi a Sakkwato. Da aka nemi sunan da za a kira shugaban meri da Hausa, sai aka aro wannan tsohon suna. Aron ya yi daɗin faɗi, amma ya zo da rikici a kan yaro. Yaron da ya tashi yana ganin rawani da dogarai, in ya ji an ce magajin gari, abin da zai zo masa a rai shi ne sarauta: a gaje ta, a zauna kanta har mutuwa, talaka ya tuɓe takalmi ya faɗi ya yi gaisuwa. Alhali magajin gari na meri riƙon amana yake yi na ƴan shekaru, ana ba shi lissafi, ana kuma karɓar lissafi a hannunsa.

Ban da wannan, yaron ƙauye yana ganin shugabanni da dama, bai san iyakar kowa ba. Ga mai gari, ga sarkin kanto, ga firefe, ga gwamna, ga dipite da ke zuwa lokaci-lokaci da mota. Ko manya da yawa, in rijiyar gari ta rushe, ba su san ƙofar da za su fara ƙwanƙwasawa ba. Littafin yara na kirki, aikinsa na farko ke nan: ya jera waɗannan mutane, ya nuna wanda ya gaji kujerarsa, da wanda gwamnati ta turo, da wanda jama'a suka zaɓa.

Ɗan tarihi

Al'amarin meri ba baƙo ne ba a ƙasar nan. A shekara ta 1956, tun ƙasa tana hannun Faransa, aka yi zaɓen gari a Yamai, Jibo Bakari ya zama magajin gari na farko da aka zaɓa. Bayan samun mulkin kai, dokar watan Yuli na 1964 ta raba ƙasa zuwa manyan sassa 7, wato Agadas, Difa, Doso, Maraɗi, Yamai, Tawa da Damagaram, kowane da ƙananan sassa a ƙarƙashinsa. Da soja suka karɓi mulki ran 15 ga watan Afrilu na 1974, sai aka riƙa naɗa masu riƙon garuruwa. A zamanin Janar Seyni Kunce ne aka kafa majalisun raya ƙasa tun daga ƙauye har zuwa sama, aka jingina su ga samariya da ƙungiyoyin manoma.

Taron ƙasa na 1991 ya sake ta da maganar miƙa wa jama'a ragamar garuruwansu, yarjejeniyar sulhu ta ran 24 ga watan Afrilu na 1995 kuma ta ƙara mata ƙarfi. An yi zaɓe a watan Fabrairu na 1999, amma bai kai ga kafa majalisu ba. Sai a shekara ta 2002 doka ta kafa kwamin 265, na karkara 213, na birni 52, aka kuma zaɓi ƴan majalisunsu ran 24 ga watan Yuli na 2004. A shekara ta 2010 aka tattara dokokin cikin kundi guda, aka ba Yamai da Maraɗi da Tawa da Damagaram matsayi na musamman, aka rarraba su yanki-yanki: Yamai 5, Damagaram 5, Maraɗi 3, Tawa 2. An sake zaɓe a watan Janairu na 2011, sa'an nan a watan Disamba na 2020. A watan Afrilu na 2024 hukumomin da suka karɓi mulki ran 26 ga watan Yuli na 2023 suka rushe majalisun garuruwa da na jahohi, aka naɗa kantomomi su riƙe aikin.

Wannan tarihi kaɗai ya isa ya nuna cewa yaron da aka haifa a shekarar zaɓen 2004 ya girma ya zama magidanci, ya ga magajin gari zaɓaɓɓe, ya kuma ga kantoma naɗaɗɗe. Mai riƙon kujera yana sakewa, amma meri tana nan inda take, ana rubuta haihuwa, ana karɓar kuɗin kasuwa, ana jiran a kwashe shara.

Yadda aikin yake bisa doka

Abin da kundin 2010 ya tsara ba shi da wuyar bayyanawa ga yaro ɗan aji biyar. Jama'ar kwamin suna zaɓen wakilai, waɗanda ake kira kwanseye, na tsawon shekara 5. Mafi ƙanƙantar majalisa tana da wakilai 11, adadin kuma yana ƙaruwa gwargwadon yawan jama'a. Su waɗannan wakilai su ke zaɓen magajin gari da mataimakansa daga cikinsu, suna kuma da ikon janye masa amincewa in ya kauce. Sarakunan gargajiya da dipitocin yankin suna zama cikin majalisa, suna ba da shawara, amma ba su jefa ƙuri'a. Majalisa tana zaman doka sau 4 a shekara, ƙofa a buɗe, duk ɗan gari yana iya shiga ya saurara. Ita ke amincewa da kasafin kuɗi, magajin gari ya zartar, firefe kuma ya duba ko abin da aka yanke bai saɓa wa dokar ƙasa ba.

Mata ma doka ta ware musu rabo. Dokar shekara ta 2000 ta ce kada rabon kowane jinsi, maza ko mata, ya gaza kashi 10 cikin 100 na kujerun zaɓe. An ɗaga shi zuwa kashi 15 a 2014, sa'an nan zuwa kashi 25 a 2019. Littafin da zai zana majalisar gari ba mace ko ɗaya a ciki, ya koya wa yarinya abin da ba haka yake ba.

Game da aiki kuwa, meri ce ke rubuta haihuwa da aure da mutuwa, ita ke kula da kasuwa da tasha da mahauta da tsabtar gari. A watan Janairu na 2016 gwamnati ta fitar da dokokin da suka miƙa wa kwamin wani sashe na aikin ilimi, da lafiya, da ruwan sha, da kare muhalli. Gina azuzuwan makarantun firamare yana cikin wannan kaso. Wanda ya tuna da gobarar da ta ci azuzuwan zana a Yamai a watan Afrilu na 2021, da wadda ta biyo baya a Maraɗi a watan Nuwamba na wannan shekara, inda kowace ta halaka yara wajen 20 ko fiye, ya san cewa maganar kasafin kuɗin kwamin ta shafi ran yaro kai tsaye. Ko aji ya zama na siminti ko ya zauna na kara, wani wuri ake yanke shawarar, kuma yaron da ke zaune cikin ajin ya cancanci a gaya masa wurin.

Littafin aro ba ya rufe katara

A ƙasashen Turai da Amurka an daɗe ana buga ƙananan littattafai masu zane a kan wannan batu. Akan ɗauki yaro a kai shi yawo cikin meri, ya ga ofishin ɗaurin aure, ya ga masu kashe gobara, ya ga motar shara. Wasu kuma sukan mai da garin na dabbobi, a tsai da zaki ko dila takara, a yi zaɓe. Irin waɗannan littattafai sukan iso nan cikin kwalayen kyauta, kuma ba a raina kyauta. Sai dai garin da ke cikinsu ba shi da mai unguwa, ba shi da burtali, ba a rikicin gona da makiyaya, ba mai tafiyar rabin yini a kan amalanke don karɓo takarda. Yaron Dakwaro zai kalli zanen ya yi sha'awa, ya rufe littafin yana ganin meri abin mutanen wata duniya ce.

Littattafan Hausa da ke ƙetarowa daga Kano da Zariya sun fi kusa da kunnen yaro, tun daga Magana Jari Ce na Abubakar Imam har zuwa na makarantun yau. Amma a nan ma akwai gyara. Tsarin ƙananan hukumomin Nijeriya, wanda aka yi wa babban gyara a 1976, ya bambanta da na Nijar. Can jama'a ke zaɓen shugaban ƙaramar hukuma da kansu, nan kuwa doka ta ba wakilai zaɓen magajin gari. Can ana cewa ciyaman da kansila, nan ana cewa magajin gari da kwanseye. Harshe ɗaya ne, doka biyu ce.

A cikin gida kuma, darasin tarbiyyar ɗan ƙasa yana cikin tsarin karatun lakwal, amma galibi da Faransanci yake, a haddace a mayar ranar jarrabawa. Ƙasidun da aka fassara cikin harsunan ƙasa bayan zaɓen 2004, don manya aka yi su, musamman sababbin wakilai. Yaro dai yana tsakiya, kamar ɗan maraƙin da aka ɗaure nesa da akala.

Abin da littafin zai ƙunsa

Yaro ba ya riƙe sashe na kaza na doka ta kaza. Labari yake riƙewa. Labari uku sun isa su ɗauki kusan dukan aikin meri.

Na farko labarin takardar haihuwa ne. A ɗauki yaro mai ƙoƙari, na ɗaya a ajinsu, wanda lokacin rubuta sunayen masu jarrabawa ya zo, malam ya ce kowa ya kawo takardarsa, shi kuwa ba a taɓa yi masa ba. A gida aka haife shi, aka yanka rago ran suna, aka ci aka sha, ba wanda ya je ya shaida wa hukuma. Yanzu sai an je gaban alƙali da shaidu kafin a ba shi takardar da za ta maye gurbin ta farko. A cikin labarin an haifa masa ƙanwa, shi da kansa ya matsa wa ubansa a je a rubuta ta tun wa'adi bai wuce ba. Dokar 2019 ta ba da kwana 60 don shaida haihuwa, kuma shaidawar kyauta ce. Yaron da ya karanta wannan labari ya zama ɗan aiken meri a cikin gidansu, ba tare da an biya shi ko dala ba.

Na biyu labarin tikitin kasuwa ne, kuma shi darasin lissafi ne a ɓoye. A ce kasuwar gari tana da masu rumfa 200, kowa yana biyan dala goma ranar kasuwa. A mako an tara jika 10. A shekara, kasuwa 52, an tara jika 520. Sai malam ya aiki ƴan aji wurin kafinta su tambayo kuɗin tebur da benci guda, su raba su gani yara nawa za su tashi daga zaman ƙasa. Sa'an nan labarin ya kawo ɗan kasuwar da ya ce a rage masa kuɗi ba sai an ba shi tikiti ba, yara su lissafa abin da gari ya yi hasara. A nan ne yarinyar mai ƙuli-ƙuli za ta samu amsar tambayarta, ta kuma gane dalilin da ya sa ake cewa a karɓi takarda duk lokacin da aka biya.

Na uku labarin zaman majalisa ne. Kuɗin da ke akwai na aiki ɗaya ne, ƙauyuka biyu kuma kowane yana so: wannan rijiya, wancan ɗakin haihuwa. Wakilai sun yi gardama, sarki ya ba da shawara, wata wakiliya ta kawo lissafin nisan da mata ke yi zuwa ɗiban ruwa, aka jefa ƙuri'a. Waɗanda ba su samu ba suka yi haƙuri, aka rubuta nasu a kasafin baɗi. Darasin da ke ciki ya fi na rijiya girma: ana iya saɓani a rabu lafiya, kuma wanda ya rasa bana bai zama abokin gaba ba. Ana iya ƙara labari na huɗu a kan burtali da ranar sakin gonaki, domin tun dokar karkara ta 1993 aka tanadi kwamitocin kula da filaye, waɗanda daga baya suka sauko har matakin kwamin da ƙauye.

Sharaɗi guda ne: kada a mai da magajin garin littafi waliyyi, kada kuma a mai da shi kura. Tatsuniya ta saba da sarki mai yanka da gizo mai wayo, inda talaka ba ya tsira sai da dabara. Littafin meri yana buƙatar wani irin jarumi, wato mutumin da ke tambaya cikin ladabi, a kuma ba shi amsa.

Da wane harshe?

Ƙasar Nijar ba ta fara daga sifili ba. Tun 1964 Farfesa Abdu Mumuni ya fitar da littafinsa a kan ilimi a Afirka, inda ya kare koyarwa da harshen uwa. A shekara ta 1973 aka buɗe makarantar gwaji ta farko mai koyarwa da Hausa da Faransanci a Damagaram, cibiyar INDRAP kuma ta shirya littattafan irin waɗannan makarantu. Ma'aikatar yaƙi da jahilci ta buga jaridu cikin harsunan ƙasa, irin su Ganga. Taron Yamai na 1980 ya daidaita rubutun Hausa tsakanin Nijar da Nijeriya. Bubu Hama, duk da nauyin shugabancin majalisar dokoki, ya samu lokacin rubuta wa yara littattafai tare da Andrée Clair. Kamfanonin ɗab'i irin su Albasa da Gashingo sun nuna cewa ana iya buga littafin yara mai kyau da harsunan gida. A watan Maris na 2025 kuma, kundin sake gina ƙasa ya sanya Hausa harshen ƙasa, Faransanci da Ingilishi kuma harsunan aiki.

Aikin da ya rage shi ne na kalmomi. Ko a ce kwamin ko a ce ƙaramar hukuma, ko a ce lanho ko haraji, wajibi ne marubuta da malamai da ma'aikatan rediyo su tsaya a kan abu guda, don kada yaro ya karanta wani suna a aji, ya ji wani a rediyo, ya tarar da na uku a bakin ma'aikacin meri. Kuma littafin da aka yi da Hausa, a yi shi da Zabarmanci da Fulatanci da Barbarci da Buzanci da sauran harsunan ƙasa, tunda kwamin ta kowa ce. A ajiye Faransanci a shafin da ke kallon na harshen gida, saboda takardun meri da shi aka saba rubuta su.

Masu ja da magana

Akwai masu cewa wannan shigar da siyasa ne cikin makaranta. Amsa ita ce littafin ba shi da jam'iyya, ba shi da tuta sai ta ƙasa, ba ya kuma ambaton sunan kowa. Sanin inda ake karɓar takardar haihuwa daidai yake da sanin hanyar likita.

Akwai kuma masu cewa tunda kantomomi ke riƙe da garuruwa tun 2024, maganar ta jira. Amma aikin da kantoma ke yi, aikin magajin gari ne da na majalisa, kuɗin da yake kashewa kuma na jama'ar gari ne. Littafin gaskiya zai gaya wa yaro hanyoyi biyun da ƙasar ta sani, zaɓe da naɗi, da shekarun da aka bi kowace, ya kuma nuna masa abin da bai sake ba a ƙarƙashin kowace: haƙƙin ɗan gari da nauyin da ke kansa. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Na uku su ne masu cewa ina kuɗi, alhali yara da dama ba su da ko littafin karatu. Wannan magana tana da nauyi. Sai dai ɗan littafi mai shafi 24, baƙi da fari, ba gini ne ba. Kwafi kaɗan a kowace makaranta, a hannun kwamitin iyaye da malamai, sun isa aji ya karanta bi da bi. Rediyon karkara yana iya karanta shi da dare, kamar yadda ƙungiyoyin sauraron rediyo suka yi aikin wayar da kai tun shekarun 1960. Ƴan wasan kwaikwayo suna iya ɗora shi a dandali, tunda ƙungiyar Yazi Dogo ta riga ta nuna irin nisan da wasan Hausa ke kai saƙo. Makarantun da ke da gwamnatin ƴan makaranta kuwa, sun samu wurin gwada abin da suka karanta. Ita kanta meri riba za ta ci, domin mutumin da ya san inda kuɗinsa ke zuwa ya fi saurin biya.

Kira ya rage ga malaman makaranta da suka iya alƙalami, da masu zane, da masu ɗab'i, da masu riƙon garuruwa. Ranar da mai tikiti ya tsaya gaban rumfa, yarinya ta karɓi takardar ta karanta, ta gaya wa uwarta cewa wannan kuɗin na rijiyarsu ne da ajinsu, a adana takardar, ranar ce za a san littafin ya yi aikinsa. Allah ya raya yara, ya ba shugabanni ikon riƙe amana.